Talotalo da Masuncin Danmak

Sana'ata a Kaduna, a shekarun da suka biyo bayan yaƙin basasa, ita ce sayen kayan Turawa masu komawa gida. Ba gadonta na yi ba. Mahaifina manomi ne a wani ƙauye gaba da Rigachikun. Ni kuwa da ƙafata na shigo gari, na fara da tsintar kwalabe da gwangwanaye a bayan gidajen Turawa, har Allah ya kai ni ga firiji da fanka da kujerun kushin. A lokacin da wannan abu ya faru ina da sito na kwano a Kurmin Mashi, da gida a Unguwar Kanawa, da iyali, da kuma suna. Sunan ne ya fi ba ni wuya kafin in same shi. In kuku ko boyi ya ji maigidansa zai tafi, ni yake fara aiko wa, domin an san in na taya ba na janyewa, in aka sallama mini kuma motata tana ƙofar gida kafin la'asar.

Ina da ƙa'ida guda: ba na sayen kaya ɗai-ɗai. Ɗaki nake saye. Sai in tsaya a bakin ƙofa, in leƙa, in ce ɗakin nan da duk abin da ke cikinsa, ga abin da na saya. Wata rana in tarar da alheri a ƙarƙashin gado, wata rana in kwashi tarkace. Turawa suna son haka, yana rage musu wahala.

Baturen da zan ba da labarinsa mutumin Danmak ne. Dattijo ne mai jiki, kansa ba gashi, ga manyan idanu kamar kullum mamaki yake yi. Wani kamfani mai sayar da injinan sanyaya nama da madara ne ya kawo shi, amma ko masinjan ofishin ya san ba abin da ya fahimta a inji. Mijin ƙanwarsa ne babba a kamfanin can ƙasarsu, shi ya nema masa wurin zama. Abin da ya iya shi ne mutane. In ya shiga wuri, sai kowa ya juyo.

Kujerar lilo ya zo saye a sitona ranar da muka fara haɗuwa. Ya koyi 'yar Hausa a wurin kukunsa, kuma ba abin da yake burge shi irin ciniki. Ya taya, na ce albarka, sai ya tsaya yana maimaita kalmar yana jin daɗinta a baki. Na bayyana masa cewa haka muke ƙin tayi, ba ma cewa a'a, fatan alheri muke yi wa kuɗin mutum, mu bar shi da abinsa. In kuwa mai kaya ya ce ya sallama, magana ta ƙare, ko ɗan'uwansa ne ya zo da ninkin kuɗin. Ya ce bai taɓa jin al'ada mai kyau kamar wannan ba. Daga nan muka saba, har ya fara gayyatata gidansa.

Ranar Lahadi bayan azahar yakan sa kuku ya ja labulayen falo, a rataya farin zanen gado a bango, ya kunna majiginsa. Yana da wani baƙin akwatin ƙarfe cike da gwangwanaye masu faɗi kamar faranti, kowanne da fim a naɗe a ciki. A nan na san cewa kafin ya zo zaman kujera a kamfanin sanyi, ɗan wasan fim ne a ƙasarsu, kuma ya daɗe yana yi.

Shi da bakinsa ya ba ni tarihin, rabi da Turanci rabi da Hausar kicin. Ya ce da jan kujeru ya fara a bayan dandalin wani gidan wasa a babban birninsu. Wata rana wani ɗan wasa ya sha ya bugu, aka ɗora masa tire a hannu aka tura shi gaban jama'a. Ƙafarsa ta harɗe, ya faɗi da tiren, jama'a suka kwashe da dariya. Shi ke nan ya sami sana'a. Da yaƙin duniya ya zo, Jamusawa suka mamaye ƙasarsu, mutane ba abin da suke so sai su shige ɗaki mai ɗumi su yi dariya. Aka yi ta yin finafinai, yana cikin mafi yawansu, amma bai taɓa zama jarumin ba. Shi ne mai raba wasiƙu da kare yake kora, shi ne mai kai abinci a otel da miya take zubar masa, shi ne ɗan sandan da iska take ɗauke wa hula.

"A ƙasarmu ba wanda ya san sunana," in ji shi, "amma kowa ya san faɗuwata."

Majigin yana da wani maɓalli da in ka murɗa shi fim ɗin yake komawa da baya. Yakan yi mini wasa da shi, in ga mai raba wasiƙu ya tashi daga cikin kwata ya dira a kan kekensa. Mu yi dariya, ni da shi da kuku.

Fim ɗaya ne kawai ba ya wasa da shi. In zai sa wannan, sai ya ajiye kofinsa, ya miƙe tsaye a bayan majigin har ya ƙare. Bayan yaƙi ne wani mai shirya fim ya yi kasada ya ba shi babban matsayi, na wani masunci da ɗansa saurayi ya nutse a teku. A bakin teku na gaske aka ɗauka, cikin sanyin da ya bar masa tari har tsufansa. Da fim ɗin ya fito, mutane ba su zo ba, waɗanda suka zo kuma zama suka yi suna jiran lokacin da zai faɗi. Sai ya koma faɗuwarsa, har gwiwoyinsa suka gaza. Talbijin ya shigo, ya ɗan yi tallar man shafa wa burodi, daga baya aka daina kiransa. Kamfanin da ya yi fim ɗin masuncin ya rushe, kuma ya ce bai san ko akwai wani kwafi a duniya bayan nasa ba.

Ba na jin yarensu, amma na gane abin da na gani. Uban yana zaune yana gyaran taru a ƙofar gida, aka zo aka faɗa masa. Ya ruga bakin teku, ya kutsa cikin ruwa har ƙirji, ya ɗago gawar yaron. Ya rungumo shi ya hau gaɓa a hankali, tafiya mai tsawo cikin yashi, hawaye na zuba, har ya shimfiɗa shi a gaban uwarsa, ya cire hula. Ranar da na fara gani, ban san lokacin da na ce masa Allah ya ba da haƙuri ba. Ya kama hannuna da hannayensa biyu ya riƙe. Na faɗi wannan ne don a san ba baƙo ba ne ya yi mini abin da ya biyo baya. Mutumin da na yi wa ta'aziyya ne.

Wata Asabar ya zo sitona da ƙaramar kyamara. Ya ce yana so ya ɗauki yadda ake ciniki a Kaduna, ya nuna wa 'yan'uwansa in ya koma. Na ji daɗi, har na aika gida aka kawo mini babbar rigata mai aiki. Ya tsaya a bayan kyamarar yana taya wani garmaho, tayin rainin hankali, ni kuwa na yi yadda na saba. Na ce albarka, na girgiza kai, na juya baya kamar na fasa, na dawo na ɗaga kayan na ƙwanƙwasa masa katakon. Maƙwabcina yana kiwon talotalo, suna yawo a bakin sito. Na ga ya juya ya ɗauke su su ma. Ban kawo komai a raina ba.

Bayan 'yan makonni ya aiko kuku da gayyata: in zo kulob ɗinsu ranar Lahadi da yamma in ga kaina. A lokacin an fara shigar da manyan ma'aikatan gwamnati 'yan ƙasa kulob ɗin, kuma yayan matata yana cikinsu. Babba ne a wata ma'aikata, mai hankali da kamun kai, wanda tun farko bai so ƙanwarsa ta auri mai tsintar kwalabe ba. Shekaru na yi ina lallaɓawa kafin ya fara ba ni hannu in mun gaisa.

A kujerar gaba aka zaunar da ni. Aka rufe tagogi, aka sa wani kiɗa mai tsalle-tsalle a garmaho, sai ga ni a bango. Amma ba ni ba ne. Ya yi wa fim ɗin dabarar da ta sa komai yake sauri, hannayena suna fiffika, kaina yana rawa kamar an ɗaura shi a waya. Duk lokacin da na girgiza kai, sai hoton ya yanke, ga talotalo yana girgiza tukkunsa. In na juya baya da babbar riga, sai ga talotalo ya baza jela. Shi kuwa yana tsaye a gefen zanen, ya ƙanƙance murya yana miƙa wuya, yana cewa, "Albarka! Albarka!"

Turawa suka yi ta dariya har da buga tebur. Boyi-boyi masu ɗauke da tire suka cika bakin ƙofa, mutanen da nake ba la'ada, suna riƙe ciki. Na waiga na ga yayan matata ya toshe baki da hankici, kafaɗunsa suna rawa.

Da aka buɗe tagogi, Baturen ya jawo ni gaba ya ɗaga hannuna sama. Fuskarsa cike da murna ta gaskiya.

"Wannan ya fi ni!" ya ce. "Ni sai da na koya. Shi kuwa haka Allah ya yi shi!"

Na yi murmushi, na yi godiya, na fita. Dillalin da fuskarsa take nuna abin da ke cikinsa bai fara sana'a ba.

Kafin mako ya zagayo, sunan talotalo ya riga ni ko'ina. In na shiga unguwar Turawa, sai in ji maigadi ya yi kukan talotalo a bayana, in na waiga yana duban sama. Matan Turawa suka fara cewa sai na yi musu albarkar nan kafin su nuna mini kaya. In na taya ɗaki, sai a yi murmushi a jira, kamar wasan bai ƙare ba. Dillalan da a dā ba sa iya shiga cinikin da na fara suka sami ƙofa. Abin da ya fi ci mini rai shi ne ranar da matata ta dawo daga suna a gidan yayanta, ta ajiye mayafi, ta ce:

"Malam, wai me ka yi a kulob?"

"Ciniki na yi."

"To, 'ya'yan Yaya duk sun iya cinikin. Har da autan."

Na ba shi dama, wannan kam ba wanda zai ce ban ba shi ba. Na je gidansa na ce, "Bature, fim ɗin nan ya ɓata mini suna. Ka ba ni shi, ko ka sayar mini." Ya buɗe idanun nan nasa. Ya ce ai girmama ni ya yi, a ƙasarsu mutum yakan yi shekaru yana neman dariya irin wadda na samu a rana ɗaya. Ya ce shi ne abu mafi kyau da ya yi a Afirka, zai tafi da shi gida. Na sake roƙonsa. Sai ya miƙa wuya, ya ƙanƙance murya, ya ce mini, "Albarka!" Ya daki kafaɗata yana dariya.

Daga ranar na daina roƙo. Ban kuma daina zuwa kallon Lahadi ba. Na ci gaba da zama a kujerar lilon da na sayar masa, ina shan lemonsa, ina lura da yadda yake zura fim a majigi, wane gwangwani ne na wane fim. Ban san ranar ba, amma na san kowane Bature yana da ranar tafiya, kuma a ranar ni ake kira.

Ta zo a cikin damina, lokacin da aka fara mai da kamfanoni hannun 'yan ƙasa. Kujerar da ba a yin aiki a kanta ita aka fara ɗaukewa. Ya shirya 'yar walimar ban kwana da rana, ya ce in zo a lokacin, don baƙinsa su ga ciniki na ƙarshe tsakaninmu. Har a ranar wasa yake nema da ni.

Muka bi ɗakuna, baƙi na biye da mu da kofuna a hannu. Falo, na taya, ya yi albarkarsa, aka yi dariya, ya sallama. Majigin yana cikin falon, ya ce ya yi masa nauyi, zai sami wani a can. Ɗakin baƙi ma haka. Sai muka zo wani ɗan ɗakin ajiya a bayan kicin. Na leƙa. Tsohuwar katifa, gidajen sauro, tayar mota. A ƙarƙashin katifar na hango kusurwar baƙin akwatin ƙarfe. Daga baya na ji ashe rufin falo ne ya fara yoyo, kuku ya janye akwatin ya kawo nan, ya manta bai faɗa ba. Ni ban sa shi ba, ban kuma tuna masa ba.

Na taya ɗakin da kuɗin da ya fi ƙarfin katifa da tayar mota. Na ce, "Da duk abin da ke ciki?"

"Da duk abin da ke ciki."

"Bature, ka leƙa tukuna. Ka san ƙa'idata."

Bai leƙa ba. Baƙinsa yake kallo.

"Duka!" ya ce, ya baza hannuwa. "Har da ɓerayen! Na sallama!"

Ya tafa hannunsa a nawa, aka yi tafi. Akwatin ne farkon abin da ya hau motata.

Washegari kuku ya zo da sassafe, yana zufa, ya ce maigida ya ce an yi kuskure. Na ce ya gaya masa ba a yi ba. Baturen ya zo da kansa, yana dariya da farko, daga baya dariyar ta ƙare. Na ce masa ya tambayi duk wanda ya ga dama a kasuwa abin da sallama take nufi, shi da ya ce bai taɓa jin al'ada mai kyau kamarta ba. Sai ya je ya kama ƙafa da yayan matata. Karo na farko ke nan da surukin nawa ya tako sitona. Ya tsaya a bakin ƙofa yana tattare rigarsa kada ta taɓa kaya.

"Malam, dattijo ne, kuma baƙo. Ka mai da masa. Abin kunya ne a ce surukina ya riƙe wa mutum kayansa."

"Yaya, kayana ne. Da shaidu."

"Na sani. Amma ka duba girman Allah."

"Zan duba. Ku zo tare ranar Lahadi bayan la'asar, a yi maganar a nan."

A Unguwar Kanawa akwai wani tsoho da ya yi aikin majigin gwamnati, irin motar da take zagaya ƙauyuka tana nuna fim ɗin tsabta da noman auduga. Aikinsa shi ne ya riƙe lasifika ya faɗa wa jama'a abin da ke faruwa, domin mutanenmu ba sa kallon majigi sai da mai sharhi. Abin da mai sharhi ya ce, shi ne fim ɗin. An ce a zamaninsa yakan sa gari guda ya yi dariyar sauro. Ya yi ritaya yana sayar da goro a ƙofar masallaci. Na ɗauko shi, na nuna masa finafinan, na gaya masa abin da nake so. Ya tauna goronsa ya ce, "Ɗana, bar ni da shi."

Ranar Lahadi na matsar da kaya, na toshe kafofin kwano da buhuna, na ɗauko hayar janareta. Na gayyaci duk wani kuku da boyi da maigadi na unguwar Turawa da ya sami hutu, da dillalai, da makanikan layinmu. Sito ya cika, zafi kamar gidan burodi. Da Baturen ya iso da yayan matata, na zaunar da su a kujerar gaba.

Da mai raba wasiƙu muka fara. Baba mai majigi ya kama lasifika, ya raɗa wa karen suna, ya ce bashin ƙashi yake bin Bature tun bara. Sito ya ɗauki dariya. Na zuba wa Baturen ido ina jiran in ga fuskarsa ta canja. Ta canja, amma ba yadda nake so ba. Murna yake yi. Ya juya yana kallon jama'a, idanunsa suna ƙyalli. Da ɗan sanda ya bi hularsa ya faɗa cikin kududdufi, sai ya miƙe ya rusuna musu, suka yi masa tafi. Rabonsa da ɗaki cike da mutane suna yi masa dariya tun yana da gashi. Na kashe kuɗin janareta na shirya masa biki.

Yayan matata ya matso ya ce, "Ashe karramawa ka shirya masa. Madalla."

Na cire wannan fim na ɗauko na masunci. Tun da safe na riga na naɗe shi zuwa ƙarshensa. Na zura shi, na murɗa maɓallin nan da shi ya koya mini. In majigin yana komawa baya, sauti ba ya fita, sai muryar Baba kaɗai.

Ga masunci tsaye a kan gawar ɗansa. Ya ɗaga hula ya sa a kai. Hawaye suka hau kumatunsa suka koma cikin ido.

"Malam masunci ya sake shawara," in ji Baba. "Ya ce uwargida, na fasa kukan. Yaron nan ci gare shi kamar gara, ba ya kamun kifi, ba ya gaida mutane. Bari in mai da shi."

Masunci ya sunkuya ya ɗauki yaron, ya fara tafiya da baya cikin yashi.

"Kun ga dabara? Da baya yake tafiya, don in maƙwabta sun ga sawu su ce shigowa ya yi. A hankali, Malam, kada ya farka ya ce yana jin yunwa."

Dariyar da ta tashi ba irin ta ɗazu ba ce. Wani maigadi ya faɗo daga kan firiji. Baturen ya miƙe yana cewa a tsaya, da Turanci, da Hausa, da yarensu, ba mai jin sa. Masunci ya shiga ruwa da baya har ƙirji, ya sauke yaron.

"Tsundum!" in ji Baba. "Teku, ga ajiyarki, mun gode."

Ya fito, ya sheƙa da gudu da baya har gida, ya zauna ya ɗauki tarunsa, hankali kwance.

"Alhamdu lillahi. Uwargida, yau tuwon mutum biyu za ki tuƙa."

Baturen ya je ya tsaya a gaban zanen ya baza hannuwa don ya tare hoton, sai tekun ya koma yana kaɗawa a kan farar rigarsa da sanƙonsa. Jama'a suka ɗauka cikin wasan ne, suka ƙara ƙarfin dariya. Ya daɗe a haka. Daga baya ya sauke hannuwan ya koma ya zauna, tarin nan nasa ya taso masa.

"Malam, ya isa haka," in ji yayan matata.

"Yaya, ranar kulob ban ji ka ce ya isa ba."

Ya sunkuyar da kai. Na bar fim ɗin ya kai inda nake so, sannan na kashe, na sa aka buɗe ƙofa. Ban sallami kowa ba, domin ina so sauran ma a yi shi a gaban shaidu.

Na ɗauko gwangwanin fim ɗin talotalo daga cikin akwatin, na warware fim ɗin, na jefa a murhun mai shayin bakin sito. Ya narke yana wari. Sannan na tura masa akwatin da ƙafata, na ce duk waɗanda yake faɗuwa a ciki na ba shi kyauta. Gwangwanin masunci kuwa yana hammatata.

Ya taya shi da abin da ya fi duk kayan gidansa. Na ce albarka. Ban girgiza kai ba, ban juya baya ba, idona yana cikin nasa. Ya ƙara. Na ce albarka. Ya kwance agogonsa, ya ajiye makullin motarsa a kan akwatin. Na ce albarka.

"Me ya sa?" ya ce. "Me na yi maka? Dariya kawai suka yi ranar nan. Dariya ba zagi ba ce."

"To me ya sa ka tsaya a gaban zanen?"

Ya ɗauki agogonsa da makullinsa. Kukunsa ya zo ya ɗauki akwatin a ka, yayan matata ya kama hannun dattijon suka fita.

'Yan kwanakin da suka rage masa a Kaduna, masu gadi Tsundum suke kiransa in ya wuce. Ni ban koya musu ba. Ya sake aiko kuku sau da yawa kafin jirginsa ya tashi, amsar ba ta canja ba. Ban sake jin labarinsa ba, ban kuma nema ba.

A makon da ya tafi aka kira ni gidan wani injiniya mai komawa. Maigadin ƙofar yana cikin waɗanda suka fi iya kukan talotalo. Da ya hango motata ya miƙe tsaye, ya buɗe ƙofar duka biyu, ya ce ranka ya daɗe. Na leƙa ɗakin farko na taya, matar gidan ta dubi mijinta, ya sallama. Ba wanda ya yi murmushi. Da Sallah ta zo, yayan matata ya turo 'ya'yansa gidana gaisuwa, suka durƙusa har ƙasa, har da autan.

Gwangwanin yana nan a saman kabad ɗin ɗakina. Fim ɗin ya daɗe da manne wa juna, in ka buɗe murfin wani tsami ne yake bugun hanci. Matata ta sha cewa in zubar da abin da ke ciki in ba ta gwangwanin, ya yi daidai da ajiyar daddawa. Na saya mata wani a kasuwa, wanda ya fi shi kyau. Wannan kam a bar shi inda yake.